Ɗan Dorina a Tudun Yashi

Kwana goma sha tara Bunyaminu ya yi yana zama a gaɓar Kwara, kyamara kafe a kan ƙafafunta uku, bai samu abin da ya wuce kunne da hanci ba. Dorinan gurbin Tungar Malami ba sa hawa tudu da rana. Sai dai ka ga baƙin kai ya ɓullo, ya feso ruwa, ya kaɗa kunne, ya koma. Bazarar shekarar da za a ba da mulkin kai ce. Kullum da la'asar hadari zai haɗu daga gabas, ya yi baƙi ƙirin har kaji su fara neman akurki, sannan ya watse ba ɗigo ko ɗaya. Tsofaffin tunga suka ce ba su son irin wannan hadari. Shi kuwa Bunyaminu abin da ya sani shi ne, ranar da ruwan ya sauka hanya za ta yanke, aikinsa kuma ya ƙare.

Ɗan garin Bahindi ne, amma ya shekara goma sha ɗaya bai yi damina a gida ba. Makaranta ta kai shi Sakkwato, aiki ya kai shi Kaduna, wajen wani kamfanin ɗaukar fim, inda ya shekara bakwai a ƙarƙashin wani Bature da ma'aikata ke kira Mai Lofe. Da goge gilashi ya fara, har ya kai ana miƙa masa kyamara. A bana aka ba kamfanin aikin wani fim da motar majigi za ta riƙa nunawa ƙauye-ƙauye bayan bikin mulkin kai, don a jawo hankalin mutane su bar kashe namun daji. Bunyaminu ne ya ce ya san inda dorinai suke, can dab da iyakar Dahome, a tungar kawunsa. Kwana shida da isowarsu zazzaɓi ya kada Mai Lofe, aka kwashe shi zuwa asibiti. Yana kwance a bayan mota yana rawar ɗari ya riƙo hannun Bunyaminu ya ce, "Gwangwani uku na fim ya rage. Ka ƙarasa. In ya yi kyau, sunanka za a rubuta a farko, ba nawa ba."

Wannan magana ita ce ta zauna masa a rai, ta hana shi sakat.

Kawun nasa, Attahiru, wan mahaifiyarsa ne, tsohon masunci. A ƙuruciyarsa ya kashe dorina bakwai da mashi, sannan ya rataye mashin a ɗaki tun kafin doka ta hana. Ya san dorinan gurbin su tara ne, ya san kowace da halinta. Shi ne ya kafa wa tunga ƙa'ida: duk jirgin da zai haura kasuwar Dole Kaina ko zai ƙetara ɓangaren Dahome, ta gefen ciyawa zai bi, kuma mai tuƙi zai bugi jikin jirgi sau uku kafin ya shiga gurbin. Da sun ji bugun sai su nitse, jirgi ya wuce.

A rana ta goma sha tara Bunyaminu ya same shi a gindin giginya yana ɗinkin taru. Ya durƙusa ya gaishe shi, ya ɗan yi ta kewaye-kewaye, sannan ya zo kan magana.

"Kawu, waccan mai tsagaggen kunne da ta ware da ɗanta a bakin ƙorama, in aka kama ɗan aka ajiye a tudun yashi, za ta fito?"

Attahiru bai ɗago kai ba. "Za ta hito."

"Na ɗan lokaci ne kawai. Minti goma sha biyar. In ɗauka, a sake shi."

"Wanga majigi naka, ba kai kac ce don a bar taɓa su za a yi shi ba?"

"Shi ne, Kawu. Amma ba wanda zai ji tausayin kunne da hanci. Sai mutane sun gan ta gaba ɗaya, sun ga yadda take da ɗanta, sannan abin zai shige su."

Tsohon ya ja zare da haƙori ya tsinka. "Mu da ba mu taɓa ganin majigi ba, shekara ashirin da biyu ba mu taɓa su ba, su ma ba su taɓa mu ba. Ba da hannuna ba, Bunyaminu. Kuma ba da bakina ba."

Da maganar ta tsaya nan, da ba don Na'Allah ba. Na'Allah ɗan Attahiru ne, taubashin Bunyaminu, shi ke da babban jirgin fito na tunga. Ƙato ne mai dariya, tun ranar da suka iso ya raɗa wa Bunyaminu suna Mai Ido Ɗaya, saboda yadda yake runtse ido in yana leƙa kyamara. Ya ji abin da aka yi a gindin giginya, ya biyo taubashinsa har bakin ruwa.

"Tsoho ya tsuhwa, Mai Ido Ɗaya," ya ce. "Ɗan dorina mi a shi? Ɗan maraƙi ne marar ƙaho. Ni zan kama maka shi. Amma da sharaɗi: ka sa ni cikin majigin, Rabi ta gan ni bisa hwarin ƙyalle, ta san wa ta aura."

Bunyaminu ya yi dariya. A ransa ya ji wani abu ya ɗan soke shi, amma ya bar shi ya wuce.

Ranar Talata da hantsi suka yi aikin. Attahiru ya tafi Geza duba wani amininsa marar lafiya, kuma da gangan aka zaɓi ranar. Na'Allah ya samo masunta biyar da jirgi biyu. Na farko ya nufi uwar ana bugun garwa ana ihu. Ta taso musu baki buɗe, ta bi su har tsakiyar ruwa. Kafin ta juyo, na jirgi na biyu sun jefa wa ɗan taru, sun ja shi ta ruwa marar zurfi zuwa tudun yashi. Ƙarami ne, amma sai da ƙarti huɗu suka yi gumi. Suka ɗaure ƙafarsa ta baya da igiyar rama a jikin turken da aka kafa tun jiya. Bunyaminu yana tsaye a kan wata doguwar gaɓa da dorina ba ta iya hawa, ya ƙwala musu kira su binne turken da igiyar cikin yashi, kada su fito a hoto. Suka binne, suka tsere.

Uwar ba ta fito ba.

Ta dawo bakin ƙorama ba ta ga ɗanta ba, ta shiga kai da kawo. Ɗan ya yi wani ɗan siririn kuka daga tudu, ta amsa masa da gurnanin da Bunyaminu ya ji shi har cikin ƙirjinsa. Ta matso gefen tudun, ta shaƙi warin mutane a yashin, ta ja baya. Ta sake matsowa, ta sake ja baya. Minti goma sha biyar suka wuce, sa'a ɗaya ta wuce. Rana ta hau tsaka, yashi ya ɗauki zafi har yana ƙyalli.

Na'Allah ya hauro gaɓar ya tsuguna kusa da shi. Dariyar ta bar fuskarsa. "Taubashi, hwatar abin ga ba ta son rana. Mu kwance shi."

"Ɗan ƙara kaɗan. Ta kusa."

Sau uku Na'Allah yana faɗin haka, sau uku Bunyaminu yana ba shi amsa iri ɗaya, idonsa bai bar kyamara ba. A cikin gilashin yana ganin wani jan gumi mai kauri yana tsattsafowa a bayan ɗan dorinar, ƙudaje sun fara taruwa a gefen idonsa. Kukan ya ragu.

Sai bayan azahar ta fito. Ruwa ya dare, ta hau tudun a hankali, ruwa yana kwarara daga jikinta, girmanta ya kai rumbu. Bunyaminu ya danna, kyamara ta fara ƙir-ƙir-ƙir. Tun da ya fara aiki bai taɓa ganin abu irin wannan a cikin gilashi ba. Ta sunkuyar da wannan ƙaton kai ta shafi ɗan da hanci, ta lashe masa baya. Ta tura shi wajen ruwa. Ya miƙe, ya yi taku uku, igiya ta fizge shi ya faɗi. Ta sake turawa, ya sake faɗuwa. Ta tsaya ta dubi hagu ta dubi dama, ba ta ga abin da ke riƙe da shi ba. Daga nan ta gyara tsayuwa a kansa, inuwarta ta rufe shi.

Gwangwani biyu Bunyaminu ya cinye a kanta. Da ya ɗago kai rigarsa ta jiƙe sharkaf, bakinsa yana murmushi bai sani ba.

"Ka samu?" in ji Na'Allah.

"Na samu. Wallahi na samu. A sake shi."

Na'Allah ya dube shi. "To, wa za shi kwance shi?"

Sai a lokacin Bunyaminu ya gane. Duk shirin da suka yi, na yadda za ta zo ne. Ba wanda ya yi tunanin yadda za ta tafi.

Suka sake fita da jirgi ana bugun garwa. Ba ta motsa ba, ta riga ta gane dabarar. Suka jefe ta da hoge, ta buɗe baki kawai ta rufe. Wani ya lallaɓa ta bayan tudu da wuƙa a baki, ta juyo kai, ya faɗa ruwa ya bar wuƙar. Har rana ta faɗi tana nan tsaye, hadari ya haɗu ya watse kamar kullum.

Da gari ya waye tudun ba kowa. Igiyar ta tsinke. Can tsakiyar gurbi suka hango ta tana tura gawar ɗan da hanci, tana ɗago shi sama don ya shaƙi iska, in ya nitse ta sake ɗagowa.

Attahiru ya dawo da hantsi. Aka gaya masa a hanya. Bai shiga gida ba, ya bi ta ruwan gwiwa har tudun, ya durƙusa ya tone yashi da hannu, ya tumɓuke turken da guntun igiyar a jiki. Ya daɗe yana dubansa. Bunyaminu ya jira zagi, ya jira mari, ko ɗaya bai zo ba. Tsohon ya wuce shi da ɗansa kamar ba mutane ba, ya tsaya a mashigi inda jirage suke ɗaure, ya ɗaga murya yadda duk tunga za ta ji.

"Daga yau kar jirgin kowa shi taɓa ruwa. Bugu uku ya ƙare aiki."

Kwana uku tana yawo da gawar, sannan ta bari. Sauran takwas ɗin suka haura sama wajen Dahome, gurbin ya yi tsit. Ita kuma ta daina nuna ko kunne. Sai dai wani lokaci ka ga ciyawar gefe ta kwanta ta tashi, alhali babu iska. A rana ta biyar aka wayi gari wani ƙaramin jirgi da ke ɗaure a mashigi ya rabu biyu, shaidar haƙori a jikin itacen kamar an sara da gatari. Mata suka koma ɗibar ruwa a wata rijiya mai gishiri-gishiri da ke bayan tunga.

Bunyaminu yana iya tafiya, motar kamfani tana nan da direbanta Ma'azu, fim yana cikin akwati. Sau biyu yana cewa a ɗaura kaya, sau biyu yana cewa a sauke. Masu zuwa kasuwa suka taru a mashigi, matan Bahindi da na Geza da buhunan albasa da busasshen kifi. Kasuwar Dole Kaina ta ci ta watse ba su je ba. Albasa ta fara wari. Ba wanda ya ce wa Na'Allah kome, amma in ya iso majalisa sai hira ta mutu, in ya yi sallama a amsa masa a taƙaice. Mutumin da duk tunga ke jin dariyarsa daga nesa ya koma zama a bayan ɗaki.

A rana ta tara, kwana huɗu ba a ga alamarta ba, mutane suka fara cewa ta bi 'yan'uwanta. Na'Allah ya ce zai gwada, shi kaɗai, da jirgi ba kaya.

Rabi ta biyo shi har mashigi da goyo a baya. "Maigida, don girman Allah ka bari. Baba ya hana."

"Ni na rufe ma mutane hanya, ni zan buɗe ta."

"Zan bi ka," in ji Bunyaminu.

Na'Allah ya ɗan yi murmushi, karo na farko cikin kwanaki. "Kai da ko kwano ba ka iya ƙetarewa? Zauna, Mai Ido Ɗaya."

Attahiru yana masallaci, kafin labari ya kai masa jirgi ya bar gaɓa. Na'Allah ya bi ta gefen ciyawa. Da ya zo bakin gurbin ya bugi jikin jirgi sau uku, aka ji bugun sarai saboda shirun da ke wurin. Ya shiga. Ya kai tsakiya. Wata mata ta fara cewa alhamdu lillahi.

Jirgin ya tashi sama gaba ɗaya, kamar an ɗaga shi da hannu, ya kife. Suka ga kan Na'Allah ya ɓullo, yana iyo da ƙarfi yana nufo gaɓa. Suka ga ruwa ya yi tudu a bayansa. Rabi ta kurma ihu.

Sau ɗaya ta kama shi, a cinya da kwankwaso, ta girgiza ta saki. Masunta suka shiga har ƙirji suka jawo shi. Aka naɗe shi da zani, aka sa shi a motar kamfani, Ma'azu ya ja. Bunyaminu yana baya, kan taubashinsa a cinyarsa, yana danna zanin da hannu biyu, jini yana bin yatsunsa. Mota tana tsalle a kan burji. Na'Allah ya buɗe ido.

"Taubashi."

"Na'am. Yi shiru, mun kusa."

"Na hito cikin majigin?"

Bunyaminu bai ɗauke shi a fim ba ko sau ɗaya. Duk fim ɗin a kan dorina ya tafi. "Ka fito," ya ce. "Ka fito da kyau."

Kafin su kai Bahindi ya cika. Ma'azu ya tsaya a gefen hanya, sannan ya juya motar.

Bayan sadakar uku malamin daji ya zo da takardar Di'o, Baturen mulki, an ba da izinin a kashe dorinar. Ya zo da bindiga. Attahiru ya ce a mayar da ita, bindiga rauni za ta yi mata ta ƙara haukata ta. Ya shiga ɗaki ya sauko da mashinsa, ya zauna a ƙofa yana wasa shi a kan dutse. Bunyaminu ya zo ya durƙusa nesa kaɗan. Tun ranar turke kawun bai yi masa magana ba.

"Fim ɗin naka ya ƙare?"

"Saura gwangwani ɗaya, Kawu."

"Gobe ka zo da shi."

"Kawu, ba zan iya ba."

"Kana iyawa. Ka iya wancan." Ya gwada kaifin mashin da babban yatsa. "Kar ka zaci don ɗana nika zuwa. Ita ma nata anka kashe, kuma ita ba ta yi wa kowa ƙarya ba. Don hanya nika zuwa, mutane na da ɗiya da za su ci abinci. Amma kai za ka tsaya ka duba har ƙarshe. Kuma ka ɗauki turken, ka ɗauki kabarin. In za a nuna, a nuna duka."

Tun fitowar rana suka fara, jirgi huɗu, ba su gama ba sai la'asar. Mashin farko Attahiru ne ya jefa, mai igiya da gora a ƙarshenta, duk inda ta nitse gorar tana tona ta. Ta fasa jirgi ɗaya, Allah ya kiyaye mutanen ciki. Tana ɓullowa ana ƙara mata. Ruwan gurbin ya sauya launi. Daga ƙarshe ta ja jiki ta hau tudun yashin nan, ta kwanta, Attahiru ya sauka ya ƙarasa ta da hannunsa. Ba kiɗa, ba kirari. Bunyaminu, wanda ya riga ya ɗauki turken da kabarin, ya ci gaba da ɗauka har fim ya ƙare, sannan ya koma bayan wata bishiya ya yi amai. Mutanen wasu ƙauyuka suka zo da wuƙaƙe da kwanduna suka kwashe naman. A Tungar Malami ba gidan da ya ɗora shi a wuta. Kwana biyu bayan haka ruwan sama ya sauka, motar kamfani ta fita da ƙyar.

A Kaduna Mai Lofe ya warke, ya rame. Suka zauna a ɗakin duhu aka kunna musu abin da aka wanko. Da uwar ta hau tudu, Baturen ya cire lofe daga baki ya ce bai taɓa ganin irinsa ba, ko a ƙasarsu. Da aka zo kan turke da kabari ya tambaya, Bunyaminu ya gaya masa kome bai rage ba.

"In wannan ya fita," in ji Mai Lofe, "an rufe kamfani, kai kuma kurkuku. Kuma ba dorina ɗaya da za ta tsira saboda haka. Amma in aka cire turken da kabarin, dubi abin da ya rage. Uwa da ɗanta, sannan mafarauci da mashi. Duk wanda ya gani ba zai ƙara ɗaga wa dabba hannu ba. Ba shi muka zo yi ba?"

"Mafaraucin kawuna ne. Shi ya hana ni."

"Ba za a faɗi sunansa ba."

Bunyaminu ya yi gardama kwana biyu, a rana ta uku ya haƙura. Aka yanke, aka haɗa. Aka rubuta bayanin da mai lasifika zai riƙa karantawa, a ciki ana kiran tsohon da mashi azzalumi marar imani. Manya suka gani a makon bikin mulkin kai suka yaba, wani ma har da share hawaye. Sunan Bunyaminu ya fito a farko, da manyan haruffa.

Bayan kaka ya ga takardar zagayen motar majigi a allon ofis. Ƙasar Bagudo tana ciki, har da Tungar Malami. Ya nemi hutu, ya riga motar isa da kwana ɗaya.

Ya sami Attahiru a gindin giginya. Tsohon ya ƙara tsufa. Bunyaminu ya gaya masa abin da aka cire da abin da aka bari, da sunan da za a kira shi da shi a gaban mutanen tungarsa.

"To mi kaka so in yi?"

"Zan roƙi direban ya wuce, ya ce inji ya lalace."

"Ya wuce nan ya nuna a Geza? Ya nuna a Bahindi?" Attahiru ya girgiza kai. "Bari su nuna. Abin ga da aka magana ciki, hannun kowa yana iya riƙe shi, ko sai nasu?"

Washegari bayan magariba aka kafa farin ƙyalle a filin mashigi. Mutane suka zo har daga ƙetare. Mai karanta bayani ya san shi, da Bunyaminu ya ce a ba shi lasifikar, tun da fim ɗinsa ne kuma garinsu ne, ya miƙa masa da murna.

Dorinar ta fito a kan ƙyalle, ta fi yadda take a raye girma. Yara suka yi ihu suka ja baya. Bunyaminu ya ajiye takardar bayanin. Muryarsa ta fita ta bakin lasifika, shi kansa bai gane ta ba. Ya ce su dubi ƙafar ɗan ta baya, akwai igiya a ƙarƙashin yashin nan, shi ya sa aka ɗaura. Ya ce sau uku Na'Allah yana cewa a kwance, shi ya ƙi. Ya ce tsohon da za su gani da mashi shi kaɗai ne ya ce kar a yi. Mutanen tunga sun san duk wannan, amma baƙi ba su sani ba, kuma ba wanda ya taɓa jin an faɗe shi da ƙarfi. Mai karanta bayani ya kai hannu zai karɓe lasifikar, Ma'azu direba, wanda shi ya tuƙo motar majigin, ya riƙe masa riga.

Rabi tana zaune can gefen mata, ta kalla tun daga farko, tana jiran inda mijinta zai fito, domin ya gaya mata yana ciki. Da ƙyallen ya koma fari ta miƙe, ta gyara goyonta, ta wuce ta gaban Bunyaminu ba ta dube shi ba.

Kafin sati ya zagayo takardar sallama ta same shi a Bahindi. Ba a kai shi kotu ba, kamfani bai so a ji ba. Fim ɗin ya ci gaba da yawo a sauran larduna da bayaninsa na asali, har shekara huɗu. Attahiru ya rasu a damina ta biyu. Dorinai ba su dawo gurbin ba.

Bunyaminu ya zauna a Bahindi yana koyarwa a firamare, yana noman gonar mahaifinsa. Mutanen bakin ruwa ba su zage shi ba, suna amsa gaisuwarsa, in ya je ta'aziyya a shimfiɗa masa tabarma. Sai dai tun daga Tungar Malami har Dole Kaina, babu mai jirgin da ya ƙara yarda ya ɗauke shi. In ya iso mashigi sai mai fito ya ce jirgi ya cika, ko da mutum biyu ne a ciki. Shi ma bai taɓa yin musu ba. Yakan koma gindin bishiya ya ba wani saƙon da zai kai ƙetare, ya juya gida da ƙafa.